Zamanin da Bagadaza Take Maƙwabtaka da Daura

Akwai wani zamani a tarihin ƙasar Hausa wanda ba za ka same shi a kalandar Hijira ba, ba kuma za ka same shi a ta Miladiyya ba, amma kusan duk wanda ya zauna a ajin firamare ya taɓa leƙa cikinsa. A wannan zamani mutum kan taso daga Bagadaza da rundunarsa, kafin mai ba da labari ya haɗiye yawu har ya sauka a Barno. A cikinsa maciji ya san ranar Juma'a tun ba a fara kiran salla a garin ba. A cikinsa ɗa kan hau gadon ubansa bayan uban ya shekara ɗari da rasuwa, kuma ba wanda ya ga abin mamaki.

Kada mai karatu ya ce ai tatsuniya ce. Tatsuniya ba ta ɓoye kanta. Da "ga ta nan, ga ta nanku" take shigowa, da "ƙurunƙus" take fita, kuma ba a taɓa jin wanda ya je kotu yana neman gadon Gizo ba. Wannan zamani da nake magana daban yake. Garuruwan da ke cikinsa suna nan, ana shiga mota a je. Rijiyar da ke cikinsa har yau ana jan ruwa a cikinta. Sarautun da aka ce a cikinsa aka kafa su har gobe ana yi musu bushe-bushe da kaɗe-kaɗe, ana kuma rigima a kansu.

Ƙofar da aka fi shiga wannan zamani ta ita ita ce labarin Bayajidda. Kowa ya san jigonsa: ɗan sarkin Bagadaza ya saɓa da ubansa, ya iso Barno, Mai ya aura masa 'yarsa, daga baya aka raba shi da mayaƙansa da dabara har ya ga alamar za a hallaka shi, ya gudu da matarsa. Ya bar ta a Garun Gabas, kusa da Haɗeja, inda ta haifi Biram. Ya biya ta Gaya maƙera suka ƙera masa wuƙa. Ya iso Daura da dare, ya sauka gidan wata tsohuwa Ayana, ya nemi ruwa aka ce babu, don macijin da ke rijiyar Kusugu ba ya barin a ɗiba sai ranar Juma'a. Ya kashe macijin, ya auri Magajiya Daurama.

Abin lura a nan shi ne yadda ƙasa take miƙewa tana tsukewa. Tsakanin Bagadaza da Daura akwai sama da kilomita 4,000 ko da tsuntsu ne zai tashi bai karkace ba, ga hamada, ga Kogin Nilu. Duk wannan jimla ɗaya ce a bakin mai labari. Amma da tafiyar ta shigo gida sai ta rage gudu. Sai ka ji sunan kowane zango, ka ji sana'ar mutanen garin, ka ji sunan tsohuwar da ta ba shi masauki, har da takalmin da wasu ruwayoyi suka ce ya bari a bakin rijiya. Nisan da ke tsakanin Gaya da Daura ya fi nisan da ke tsakanin Bagadaza da Barno tsawo a cikin labarin. Ma'aunin da ake amfani da shi a nan shi ne abin da ya shafi masu sauraro. Bagadaza suna ce kawai ta daraja, birnin halifofi da malamai. Ba wanda yake bukatar hanyar zuwa can. Gaya da Garun Gabas kuwa maƙwabta ne, dole a san matsayin kowa.

Haka lokaci ma yake. An aza harsashin Bagadaza a shekarar 762, zamanin Halifa Mansur na Abbasiyawa, saboda haka duk wanda ya fito daga cikinta bayan wannan shekara ya fito. Wasu Turawa, irin su H. R. Palmer da W. K. R. Hallam, sun yi ƙoƙarin nemo wa Bayajidda takardar haihuwa, suka ce ai shi ne Abu Yazid, ko dai wani daga mutanensa. Abu Yazid mutum ne na gaske, Babarbare na Arewacin Afirka da ake yi wa laƙabi da Mai Jaki, wanda ya yi wa daular Faɗimiyya tawaye a ƙasar da yau ake kira Tunisiya, aka kashe shi a 947. Sunan ya yi kama, babu musu. Sai dai shi bai fito daga Bagadaza ba, bai kuma tsira da ransa ba balle ya zo Daura neman aure. In har sunansa ne ya gangaro kudu tare da waɗanda suka tsere bayan an ci su da yaƙi, to sunan ne kaɗai ya iso, labarin kuma ya ɗinka masa wata riga dabam.

Sannan ga maganar Juma'a. Daurar da ke cikin labarin gari ne da mata ke sarauta, maciji ke riƙe da ruwa, ba a ambaci masallaci ba. Amma ranar da macijin ya ware ita ce ranar da Musulmi suka fi girmamawa. Wanda ya tsara labarin a siffar da ya iso mana yana zaune ne cikin mako mai Juma'a, kuma bai ga dalilin da zai sa a ce akwai wani zamani da ba ta da daraja ba. Sai ya miƙa ta baya har cikin rijiya.

Wanda yake ganin wannan halin labaran baka ne kawai, to ya buɗe rubutaccen kundin tarihin Kano, wanda aka rubuta da Larabci, Palmer ya fassara shi zuwa Turanci a 1908, daga baya ya shigo Hausa cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu a farkon shekarun 1930. Kundin ya fara da Barbushe, jikan jikokin Dala, ƙaton mafarauci da aka ce yakan kashe giwa da sanda ya ɗauko ta a ka. Shi ne mai kula da Tsumburbura, a wata itaciya da aka kewaye da katanga, ba mai shiga sai shi. To amma yaushe yake saukowa daga kan dutsen Dala? Kundin ya ce sai a ranakun Idi biyu. Bokan da ake kawo wa baƙaƙen karnuka da baƙaƙen kaji yana jiran ƙaramar salla da babbar salla. Bai tsaya nan ba: a daren bautar, Barbushe yakan faɗa wa jama'arsa cewa mulki zai fita hannunsu, za a sare itaciyarsu a ƙone, a gina masallaci. Wato tun a shafin farko ƙarshen labarin yana zaune cikin farkonsa. Marubucin yana kallon masallacin da idonsa lokacin da yake rubutu, sai ya sa wanda aka kayar ya ba da shaidar kayen tun kafin a haifi wanda zai kayar da shi. Babu hujjar mulki da ta kai wannan: ai ko bokanku ya faɗa.

Ita kanta itaciyar ba sau ɗaya aka ci ta da yaƙi ba. Sarki Tsamiya ya rushe katangarta. A zamanin Yaji aka gina masallaci a ƙarƙashinta. A zamanin Rumfa aka sare ta aka tsayar da hasumiya a gurbinta. Kamar kowane babban sarki sai an ba shi rabonsa na wannan nasara.

Daga wannan kundi ne shekarar 999 ta fito, wadda yau ake rubutawa a littattafan makaranta da jawaban bukukuwa a matsayin shekarar da Bagauda ya zama sarkin Kano na farko. Yana da kyau a san yadda aka same ta. Kundin bai ba da shekarar hawan kowane sarki ba. Abin da yake faɗa shi ne wane ya yi shekara kaza, wane ya yi kaza, har zuwa sarki na 48, Muhammadu Bello, wanda ya hau a wajajen 1883. Palmer ne ya zauna ya riƙa ɗebewa daga ƙarshe yana komawa baya, yana juya shekarun wata zuwa na rana, tunda shekarar Hijira ta gaza ta Miladiyya da kusan kwana 11, har ya tsaya a 389 bayan Hijira, wato 999. Lissafinsa ba shi da laifi. Abin da ya lissafa ɗin ne ya kamata a duba.

Ga shekarun da aka ba sarakunan farko: Bagauda 66, Warisi 33, Gijimasu 40, Yusa 60, Naguji 55, Guguwa 44. Duk wanda ya taɓa riƙe littafin bashi a shago zai ɗaga gira. 66, 33, 55, 44, sai 40 da 60 cif. Mutuwa ba ta zuwa da irin wannan tsari. Waɗannan lambobi ne masu daɗin haddacewa, masu cewa wane ya daɗe, wane ya fi shi daɗewa. Da ka gangaro zuwa sarakunan baya-bayan nan sai ka fara ganin shekara kaza da wata kaza, har da wanda bai wuce 'yan kwanaki ba, irin yadda rayuwa take da gaske.

Guguwa ne ya fi ba ni sha'awa. Kundin ya ce ɗan Gijimasu ne. A lissafin Palmer, Gijimasu ya rasu a 1134, Guguwa kuwa ya hau a 1247 ya sauka a 1290. Ko da a ranar da uban ya rasu aka haife shi, yana da shekara 113 aka naɗa shi, ya kuma ƙara 43 a kai. Ba sai an ce marubucin ya yi ƙarya ba. A bakinmu har yau "ɗan wane" yana iya nufin jikansa ko tattaɓa-kunnensa, ko kuma kawai mutumin gidansa. Abin da kundin ke son ka sani shi ne daga wane ɗaki sarautar ta fito. Sunayen da suka faɗi a tsakani ba su dame shi ba. Amma da zarar an liƙa wa wannan zance lambobi huɗu-huɗu, sai ya zama ko dai mu'ujiza ko shirme, alhali da can ba ko ɗaya ba ne.

Inda wannan zamani ya fi nuna gwanintarsa shi ne labarin zuwan Musulunci, kuma dalilin a fili yake: nan ne kowa yake son ya matso kusa da asali.

Muhammad bin Abdulkarim al-Magili malami ne da tarihinsa yake a rubuce. Mutumin Tilimsan ne a ƙasar Aljeriya ta yau, ya zauna a Tuwat, ya zo Kano a wajajen 1492 zamanin Muhammadu Rumfa, ya rubuta masa littafi a kan abin da ya wajaba ga sarakuna, ya je Gawo wajen Askiya Muhammadu, ya rasu a farkon ƙarni na 16. Wannan shi ne Magilin da ke cikin kalanda. Amma kundin Kano ya ba da labarin wani Sharifi da ya zo a zamanin Rumfa, wanda ya ga Manzon Allah (SAW) a mafarki aka umarce shi ya nufi yamma. Sai ya damƙi ƙasar Madina ya ƙulle a ƙyalle. Duk garin da ya sauka sai ya ɗebi ƙasar wurin ya gwada da ta Madina, in ba su dace ba ya wuce. Haka ya yi ta tafiya har Kano, inda ƙasashen biyu suka saje suka zama ɗaya. A farkon labarin sunansa Abdurrahman, kafin a kai ƙarshe ya koma Abdulkarim, ya tafi Masar ya bar Sidi Fari a madadinsa.

Ban san wani wuri a adabinmu da aka narkar da nisa da kyau kamar nan ba. Ba a ce Kano tana kusa da Madina ba, cewa aka yi turɓayarsu guda ce. Tilimsan, wadda take arewa maso yamma, ta ɓace gaba ɗaya, malamin ya koma fitowa daga gabas, domin a wannan taswira duk abin alheri daga alƙibla yake tasowa.

Hausawan Gwanja da na sauran zangunan ƙasar da yau ake kira Ghana sun ƙara matsawa gaba. A littafin da R. S. Rattray ya buga a 1913, wanda wani Malam Shaihu ya rubuta masa da ajami, akwai taƙaitaccen tarihin Hausawa da ya ce Sayyidina Umar ɗan Haɗɗabi ne ya aiko Amru ɗan Asi zuwa Barno da Alƙur'ani, shi kuma Amru ya tura Abdulkarim Magili zuwa Kano. Amru ɗan Asi, wanda ya buɗe Masar, ya rasu a wajajen 664. Tsakaninsa da Magili akwai sama da shekara 800. A wannan ruwaya sun zauna a majalisa ɗaya, ɗaya ya aiki ɗaya. Malamin da ya rubuta haka ba jahili ba ne. Tsarin da ya saba da shi shi ne na isnadi, wane daga wane, kuma a wannan tsari mafi gajartar sarƙa ita ce mafi daraja. Fatake da ke zaune nesa da gida, cikin mutanen da ba addininsu ɗaya ba, suna da bukatar su ce Musuluncinmu hannu biyu kacal ya ratsa daga Sahabbai.

Wani lokacin kuma takardu biyu ne suke ja-in-ja a kan mutum ɗaya. Kundin Kano ya ce Wangarawa, ƙarƙashin Abdurrahman Zaite, sun zo daga Mali da Musulunci a zamanin Yaji, wanda Palmer ya sa tsakanin 1349 da 1385. Amma su Wangarawan suna da tasu takardar, Asl al-Wangariyyin, wadda aka rubuta a wajajen 1650, Muhammad al-Hajj ya buga ta a 1968. Ita cewa ta yi shehin nasu ya baro Mali a 835 bayan Hijira, wato wajajen 1432, ya iso Kano a zamanin Rumfa har ya haɗu da Magili. Ƙarni guda ke nan tsakani. Fada tana son Musuluncinta ya tsufa, zuriyar malamin kuma tana son kakanta ya tsaya kafaɗa da kafaɗa da babban baƙo. Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi.

Sarauniya Amina ma haka take yawo tsakanin ƙarni biyu. Kundin Kano ya sa ta a zamanin Sarki Dauda, 1421 zuwa 1438, ya ce ta ci ƙasashe har Kwararrafa da Nufe, Sarkin Nufe ya aiko mata da babanni 40 da goro 10,000, ta shekara 34 tana yaƙi. Ruwayar Zazzau kuwa ta ce 'yar Bakwa Turunku ce, wanda hakan ya kai ta ƙarni na 16. Ganuwoyin da ake jingina mata sun yi yawan da rayuwa ɗaya ba za ta gina su ba. Duk tsohuwar ganuwar da aka manta mai ita sai ta zama ganuwar Amina.

Ba mu kaɗai muke da gida a wannan zamani ba. Sarakunan Barno na da sun ce daga Saifu ɗan Zi Yazan na Yaman suka fito, kuma jerin sunayensu ya ba wasu na farko sama da shekara 200 kowanne. Mutanen Borgu suna da Kisra, wanda ya ƙi karɓar Musulunci ya gudo yamma, da ya haye Kwara tana 'yar ƙorama sai ta buɗe ta zama babban kogi don ta tare masu binsa. A can ƙasar ce da kanta ta sake siffa saboda mutum ɗaya.

To, ruwa ba ya tsami banza. Me ake nema da duk wannan lanƙwasa lokaci da wuri? Komawa ƙarshen labarin Bayajidda zai nuna. Daurama ta ba shi kuyanga, kuyangar ta haifi ɗa ta sa masa Karɓagari. Daurama ta haifi nata ta sa masa Bawo, wato a dawo da garin. 'Ya'yan Bawo shida suka kafa Daura, Kano, Katsina, Zazzau, Gobir da Rano, aka haɗa da Biram suka zama Hausa Bakwai. Zuriyar Karɓagari suka zama Banza Bakwai, waɗanda aka fi lissafawa da Zamfara, Kabi, Nufe, Gwari, Yawuri, Yarbawa da Kwararrafa. Aka kuma raba wa 'yan'uwan aiki: Kano da Rano sarakunan baba, Katsina da Daura sarakunan kasuwa, Gobir sarkin yaƙi, Zazzau sarkin bayi.

Wannan ba hoton shekarar 900 ba ne. Hoton ƙasar Hausa ne bayan marinar Kano ta shahara, bayan ayarin Sahara ya saba sauka a Katsina, bayan Gobir ta zama garkuwa a bakin hamada, Zazzau kuma ta zama ƙofar kudu. An ɗauki duniyar da ake ciki, da cinikinta da gabarta da raininta, aka mayar da ita gida ɗaya mai uwargida da kuyanga. Garuruwan da suka ɗauki ɗaruruwan shekaru suna tasowa, wasu a gaba wasu a baya, aka haife su a ɗaki ɗaya cikin ƙarni ɗaya. Zamfara da Kabi, waɗanda Hausa suke yi kamar kowa, suka faɗa cikin "banza", abin da ke nuna rabon na siyasa ne, harshe bai shigo ciki ba.

Shi ya sa labarin yake sauya fuska gwargwadon bakin da ya fito. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, a Infaƙul Maisur da ya rubuta a wajajen 1812, ya kawo ruwayar da ta ce Bawo bawan sarkin Barno ne, ya kuma ware Gobirawa ya ce su 'ya'ya ne, asalinsu Ƙibɗawan Masar. Babu ɗan sarkin Bagadaza a nan. Mutum ɗaya, a Daura jikan halifa, a wata ruwayar bawa, kuma an rubuta ta biyun ne 'yan shekaru bayan an kori sarakunan Haɓe daga gadajensu, lokacin da tambayar wa ya cancanci mulki take da zafi. Masana irin su Abdullahi Smith da Yusufu Bala Usman na Jami'ar Ahmadu Bello sun yi dogon aiki suna nuna cewa garuruwan Hausa sun taso ne daga ƙauye zuwa gari zuwa birni, ta hanyar noma da ƙira da kasuwa da cuɗanyar baƙi, ba wani jarumi ɗaya daga gabas ya kafa su ba. Sun kuma lura da dalilin da ya sa Turawan mulki suka rungumi labarin hannu bibbiyu: ya dace da ra'ayinsu cewa baƙar fata ba ya kafa daula sai wani mai hasken fata ya zo ya nuna masa. Ko shi kundin Kano, Murray Last yana ganin an fara harhaɗa shi a tsakiyar ƙarni na 17, John Hunwick kuwa ya ce a shekarun 1880 aka rubuta shi a fadar Kano. Ko wanne ne daidai, mai rubutun yana nesa da Barbushe da ɗaruruwan shekaru.

A ganina mutum biyu ne suke yi wa wannan zamani rashin adalci, kuma kullum suna faɗa da juna a Facebook. Na farko shi ne mai rantsuwa da shi, wanda zai kawo maka shekarar da Bayajidda ya iso Daura, har da zanen fuskarsa da kwamfuta ta ƙirƙira, ya kuma yi amfani da shi ya ce wane asalin Bahaushe ne, wane ɗan kuyanga. Na biyu shi ne wanda ya gano Guguwa ba zai yi shekara 156 ba, sai ya ce duk ƙarya ce, a zubar. Dukansu sun ɗauka cewa masu labarin suna ƙoƙarin yin abin da ɗan jarida yake yi ne, na farko ya ce sun yi daidai, na biyu ya ce sun kasa. Marubutanmu na farkon boko sun fi su fahimtar abin. Bello Kagara, a Ganɗoki na 1934, ya ɗauki jaruminsa daga yaƙe-yaƙen Kwantagora da zuwan Turawa, abubuwan da masu karatunsa suka gani da ido, ya wuce da shi ƙasar aljannu, sannan ya dawo da shi zamanin jirgin ƙasa, ba tare da ya nemi afuwar kowa ba. Ya san masu karatu sun saba da wannan hanya.

Kada kuma a ɗauka maganar ta tsaya a littafi. A watan Mayun 2019 gwamnatin Jihar Kano ta ƙirƙiri sababbin masarautu huɗu, Bichi da Rano da Gaya da Ƙaraye, a watan Mayun 2024 kuma aka soke dokar. A duk tsawon takaddamar, wannan zamani mara kalanda yana cikin hujjojin kowane ɓangare. Masu adawa da rabawar suna cewa ba a taɓa gadon da ya haura shekara dubu, wato 999 ɗin Palmer. Masu goyon baya suna cewa Rano ai ɗaya ce daga Hausa Bakwai, Zamnakogi ɗan'uwan Bagauda ne, ba bara ba. Su kuma mutanen Gaya suna da abin da ya fi haka tsufa: su suka ƙera wuƙar tun ba a haifi Bawo ba.

Maganar Gaya tana da wani reshe. A Kano akwai ruwayar da ta ce mutanen farko da suka zauna a gindin Dala maƙera ne, Abagayawa, waɗanda suka zo daga Gaya neman tama, kuma shugabansu wani maƙeri ne mai suna Kano. Wannan ma ba ta da shekara. Amma masu haƙar kayan tarihi sun sami ragowar wurin narkar da tama a Dala, aka yi wa gawayinsa gwajin kimiyya, sakamakon ya nuna wajajen ƙarni na 7. Sama da shekara 300 ke nan kafin 999. Lokacin da waɗannan maƙera suke zuga wutarsu a gindin dutsen, ba a ɗora tubali ko ɗaya na Bagadaza ba tukuna.